Injin Kwaɓin Mai Burodi

Ni na sa shi ya sa hannu. Gara in faɗa da bakina tun yanzu, kada wani ya tsinci labarin a bakin 'yan unguwa ya ɗauka mijina wawa ne. Mijina mai burodi ne, shekara talatin da ɗoriya yana wannan sana'a, kuma ba a taɓa kama shi da haƙƙin kowa ba. Ni Malam nake ce masa. Wanda ya ci rancen kuwa ƙanena ne, uwa ɗaya uba ɗaya, autanmu. Auta muke kiransa har yau, duk da gemunsa ya fara furfura.

Gidan burodinmu ba wani babba ba ne. Ɗaki biyu ne a bayan gidan da muke haya, ɗaya na tanda, ɗaya na kwaɓi. Ginin ba namu ba ne, tandar ma a jikin ginin take. Abin da za mu nuna mu ce namu ne guda ɗaya ne tak, injin kwaɓi. Wani ƙato ne mai ruwan toka, kwanonsa yana cinye buhun fulawa guda a zubi ɗaya, an ɗaure ƙafafunsa huɗu da noti a cikin siminti don kada ya yi rawa.

Kafin injin, da hannu Malam yake kwaɓi a cikin wani dogon kwamin katako da ya gada wajen babansa. Wannan kwamin shi ya cinye masa kafaɗar dama. Aka yi masa aiki a asibiti, likita ya ce masa a gabana, “Idan ka koma kwaɓi da hannu, hannun nan zai tafi, kuma ba zai dawo ba.” Shekara uku muna biyan masu kwaɓi muna kuma tara kuɗi, ko sabon zane ban ɗaura ba, kafin mu sayi injin. Ranar da aka kunna shi Malam ya tsaya yana kallonsa yana dariya shi kaɗai. Kwamin kuwa muka kife shi a bayan ɗaki, kaji suna kwana a ƙarƙashinsa.

To ga yadda sana'ar take, don sai an san wannan za a gane wautar da muka yi. Da safe masu rabo suke zuwa, kowa da kwandonsa a bayan keke ko babur. A ƙirga masa burodi, a rubuta a littafi, ya tafi ba tare da ya ba da ko sisi ba. Bayan la'asar ya dawo, ya ba da kuɗin abin da ya sayar, abin da ya yi kwantai ya ajiye a kan tebur, a soke sunansa. Shi ke nan, magana ta ƙare. Wanda ya dawo da kaya ba a binsa komai. Haka Malam ya taso ya gani, haka ya yi shekara talatin yana yi, kuma a wajensa haka duniya gaba ɗaya take tafiya.

Auta yana cikin masu rabonmu. Ba malalaci ba ne, wannan kam ba zan yi masa ƙarya ba, amma idonsa kullum yana kan abin da ya fi ƙarfinsa. Ya zo min da maganar mota. Wai wata ƙaramar motar ɗaukar kaya ce aka sa a kasuwa, idan ya same ta zai kai burodi har garuruwan da babur ba ya zuwa, cinikinmu ya ninka. Ya je wani ƙaramin banki mai ba 'yan kasuwa rance, sun yarda, sai dai ya kawo wanda zai tsaya masa, mai wata kadara da za a rubuta.

“Yaya, sa hannu ne kawai,” in ji shi. “Ko sisinsa ba zai fita ba.”

Malam bai so ba. Ya ce shi bai taɓa shiga banki neman komai ba, kuma ba ya son ya fara da tsufansa. Ni kuwa na sa shi a gaba. Kwana tara ina abu ɗaya. Na yi lallashi, na yi fushi, na daina yi masa magana a wajen cin abinci. Daga ƙarshe na faɗi wadda na san za ta soke shi. Na ce, “Da ƙanenka ne, da tuni ka sa.” Ya dube ni, sannan ya ce in ce wa Auta ya zo ranar Litinin.

Mu uku muka je. Wata ma'aikaciya mai tabarau ce ta karɓe mu, yarinya mai ladabi, sa'ar 'yata ta fari. Ta ajiye takardu a gaban Malam, ta ce, “Baba, ka san abin da tsayawa take nufi?”

Malam ya ce, “Tambaya ɗaya gare ni, 'yata. Idan ya kasa biya, motar za ku karɓa?”

“Za mu karɓa, mu sayar. Amma idan kuɗinta bai kai ba...”

“To ai shi ke nan,” in ji Malam, ya saki jiki a kujera. “Kaya ya koma wajen mai shi.”

Wallahi yarinyar nan ta yi ƙoƙari. Ta ɗaga takardar, ta ɗora yatsa a kan wani layi, ta ce, “Baba, bari in karanta maka nan.” Ni ce na tare ta. Tsoro nake kada ya ji wani abu ya fasa. Na ce, “Ke 'yar nan, mun bar burodi a wuta, a yi abin da ya kawo mu.” Ta dube ni ta saman tabarau, ta karanta layin duk da haka, da sauri, ni kuma ina ta gyara mayafi ina tsaki, Auta yana kallon agogon bango. Aka tambayi kadara, Malam ya ce injin kwaɓi. Aka rubuta lambarsa. Ya karɓi biro ya sa hannu a wuri uku, da kyakkyawan rubutunsa na dama.

Wata bakwai abin ya yi daɗi, har na fara yi wa Malam gori. Buhu biyu muke kwaɓawa a da, muka koma huɗu. Auta yana zuwa da safe yana danna mana oda a ƙofar gida, maƙwabta suna leƙowa. Abin da ban sani ba, idan ya gama rabo da hantsi ba ya ajiye motar. Lodin siminti yake yi mata, da ƙarafan gini, wai don ya gama biyan rancen da wuri. Motar da aka yi don burodi! Rannan a kan wata gangara injinta ya buga. Bakanike ya faɗi kuɗin gyara, Auta ya ɗauki kuɗin banki na watan ya ba shi. Gyaran bai yi ba. Ya ƙara da na wata na biyu. Ya koma rabo da aron babur, yana ce mana kayan gyara ake jira.

Wata Laraba ya ɗauki burodi sittin da safe. La'asar ta yi, masu rabo suka zo ɗaya bayan ɗaya aka soke sunayensu. Malam ya zauna da littafi a buɗe har aka kira magariba. Auta bai zo ba. Wayarsa a kashe. Matarsa ta ce ya ce mata zai yi tafiyar kwana biyu, ko ita bai gaya mata ina ba. Malam ya rufe littafin bai soke layin ba.

Bayan mako biyu takardar banki ta zo, da sunan Malam a samanta, ba sunan Auta ba.

Kun san abin da bawan Allahn nan ya yi? Ya je garejin bakanike, ya biya kuɗin janwe daga aljihunsa, ya sa aka ja motar har ƙofar bankin. Kafin nan sai da ya sa aka wanke ta. Ya shiga, ina biye da shi, ya ajiye makulli a kan teburin mai tabarau kamar yadda masu rabo suke ajiye masa kwantai.

“'Yata, ga kayanku. A yi haƙuri, yaro ya kasa. A soke sunansa.”

Yarinyar ta cire tabarau ta goge ido. Ta ce, “Baba, zauna.” Ta yi masa bayani a hankali. Mota ba burodi ba ce. Su kuɗi suka bayar, kuɗi kuma suke bi. Motar da injinta ya mutu, in an yi gwanjonta da ƙyar ta kawo kashi ɗaya cikin uku. Sauran, da kuɗin ruwan da ya hau, da tarar watannin da aka tsallake, duk yana kan wanda ya tsaya.

“Amma ai ga ta na dawo da ita,” in ji Malam.

“Ka dawo da ita, Baba.”

“Ni ban ci ko sisi a ciki ba.”

“Na sani. Amma ka yi alkawari cewa idan bai biya ba, kai za ka biya kamar kai ka ci. Layin da na karanta maka ke nan.”

Nan na tashi. Ban bar komai ba. Na ce su nemo wanda ya ci kuɗinsu, na ce azzalumai ne, na ce suna zaune a cikin sanyi suna cin gumin talaka, har mai gadi ya leƙo. Ta bar ni na gama, sannan ta ce, ba tare da ta ɗaga murya ba, “Mama, ranar ai na so in tsaya a kan layin nan.” Na koma na zauna. Gaskiya ta faɗa, kuma ban taɓa jin kunya irin ta wannan rana ba.

Kwana talatin suka ba mu, in ba haka ba za su ɗauki abin da aka rubuta. Na sayar da 'yan kunnena da awarwaro, na sayar da firij. Na bi dangi gida-gida. Yayanmu ya ce ai shi tun farko ba a yi shawara da shi ba. Innarmu ta riƙe hannuna tana kuka, wai in rufa wa ɗan'uwana asiri kada a kai shi kotu, ko sau ɗaya ba ta tambayi halin da Malam yake ciki ba. Masu rabonmu, Allah ya saka musu, suka haɗa abin da suka iya a cikin leda suka kawo, Malam ya ƙi karɓa, sai da na karɓa ta bayan gida. Mun je wajen wani lauya maƙwabcinmu, ya karanta takardar sau biyu, ya ce babu ƙofa. Ya ce in mun biya, muna da ikon bin Auta mu karɓi kuɗinmu. Na ce a bi shi ina? Duk abin da muka tara bai kai rabin abin da ya rage ba.

Ranar da suka zo ɗaukar injin, da hantsi ne, an gama gashin safe. Mutum uku ne da motar ɗaukar kaya. Suka tsuguna suna kokawa da notin ƙafafun, sifanarsu tana zamewa. Malam yana tsaye yana kallo. Can ya shiga ɗaki ya ɗauko tasa sifanar ya miƙa musu, ya ce, “Wannan ce daidai da shi, kada ku cinye masa kai.” Ya ɗauki tsumma ya goge kwanon ciki da waje. Ya ce wa babbansu duk wanda ya saya a gaya masa injin yana son giris duk mako biyu, kuma kada a cika masa ruwa kafin fulawa. Da za su tafi ya ba kowannensu burodi mai zafi. Ni ina bakin ƙofa ina ji kamar in ƙwace in watsa musu a fuska, amma ina da bakin magana? Suka tafi, suka bar ramuka huɗu a siminti.

Kuɗin injin ma bai rufe ba. Ya rage wani abu, aka raba mana shi wata shida. Ma'ana ba za mu iya rufe gidan burodi ba, ba kuma za mu iya ɗaukar masu kwaɓi mu biya su ba. Ma'aikaci ɗaya gare mu, Dogo, shi kuma tanda ba ta barinsa ya matsa. Da yamma na ga Malam ya kori kaji, ya juyo da kwamin babansa, yana kankare shi da wuƙa.

Na ce, “Malam, ka manta abin da likita ya ce?”

“Da hagu zan yi.”

“Ni zan yi. Ni na jawo, ni zan kwaɓa.”

Ya bar ni na gwada. Kwana uku ina faɗawa cikin kwamin nan har gwiwar hannu, bayana kamar zai tsinke. Rabin buhu nake iyawa, shi ma burodin ya fito a daskare, aka dawo mana da kusan rabinsa. A rana ta huɗu ya ce in koma kan shafa mai a gwangwanaye. Ya naɗe hannun riga. Da hagu ya fara, gaskiya ne. Amma buhun fulawa ba ya kwaɓuwa da hannu ɗaya, duk wanda ya taɓa yi ya sani. Kafin mako ya zagayo na leƙa na gan shi da hannu biyu a ciki, ya cije leɓe, gumi yana ɗiga daga haɓarsa. Na yi kuka, na yi rantsuwa, na ce a bar su su kai mu kotu, a ɗaure ni ni. Ya ce, “Na ce zan biya. A gabanki na faɗa, a wuri uku.”

Kullum da yamma ina gasa masa kafaɗar da ruwan zafi. A wata na biyu ya daina iya ɗaga hannun sama da kai. A na huɗu kofin shayi ya suɓuce masa, ya ce wai zafi ne ya yi yawa. A na biyar ni nake sa masa riga. Bai taɓa ce min ke kika jawo ba, ko da wasa. Da ya faɗa da na ji sauƙi, wallahi da na ji sauƙi.

Muka biya na shida. Mai tabarau da kanta ta kawo takardar sallama har gida, ta ce hanya ce ta biyo da ita, amma na san ba hanyarta ba ce. Ta nuna masa inda zai sa hannu cewa an gama. Ya kama biro da dama, yatsun suka ƙi rufuwa. Biron ya faɗi, ta ɗauko, ya sake faɗuwa. Ta buɗe jaka ta fito da 'yar tawada, ya dangwala babban yatsan hagu. Ta ce, “Baba, ka yafe mana.” Ya ce, “Me kika yi, 'yata? Ai kin karanta min.” Ya sa na ɗaure mata burodi biyu.

Likita ya duba hannun a makon. Bai yi mana faɗa ba, ya dai rubuta maganin rage zafi, ya ce abin da ya saura ke nan.

Bayan kwana goma sha ɗaya, bayan la'asar, muna ɗakin kwaɓi. Malam yana zaune da littafi a gabansa, ni nake rubutawa yanzu, shi yana faɗa. Masu rabo sun gama shigowa. Sai aka yi sallama a bakin ƙofa, muryar da na sani tun tana kukan jarirai. Auta ne. Ya rame, ya yi baƙi, takalminsa duk ƙura. A hannunsa kwandonmu ne, wanda ya fita da shi ranar Larabar nan, babu komai a ciki.

Na miƙe. Wata takwas ina tanadin maganganun da zan gaya masa, na jera su, na san wadda zan fara da ita. Malam ya ce, “Zauna.” Na zauna.

Auta ya tsuguna, ya ajiye kwandon, ya zaro wasu kuɗi a naɗe daga aljihu ya ɗora a kan tebur. Ya ce, “Maigida, na burodi sittin ne. Dako nake yi a wata tasha. Sauran, na banki, wallahi zan...”

“Buɗe baya,” Malam ya ce min. Na yi ta juya shafi har na kai ranar. Layin yana nan da rubutunsa, Auta, sittin. Ya sa na ƙirga kuɗin. Sun cika. Ya ce, “Soke.” Na soke, har biron ya huda takardar.

“Da ka dawo a ranar,” in ji Malam, “ko da hannu wofi, da mun zauna mun san yadda za mu yi. Ni rashin dawowar ce ta dame ni.”

Auta ya ɗago kai. Idonsa ya kai tsakiyar ɗakin, inda injin yake a da. Ya ga ramuka huɗun, ya ga kwamin katako da ragowar kwaɓi a gefensa. Ya juyo ya dube ni, na ƙi kawar da kai, don ina so ya gani da kyau. Sai ya rarrafo gaban Malam, ya miƙa hannu biyu, yana cewa a yafe masa.

Malam ya yi yunƙurin ɗago dama. Na ga kafaɗar ta motsa, hannun kuwa yana nan kwance a kan cinyarsa. Ya miƙa ɗayan.

“Ka yi haƙuri, Auta,” ya ce. “Da hagu nake gaisawa yanzu.”